Ɗaɗɗoyar Inna a Barandar Abu Hail

A gidanmu mace ba ta tarewa sai da irin ɗaɗɗoya. Ba wata babbar al'ada ba ce da gari ya sani, abin tsatsonmu ne kawai ta wajen uwa. Ranar da ake yi wa amarya jere, uwarta za ta ƙulle irin a ɗan tsumma, baƙaƙen ƙwayoyi da ba su kai riɗi girma ba, ta jefa a cikin kwallar ƙasa. In amarya ta zauna ta san gida, sai ta nemi inda ruwan alwalarta yake zuba ta barbaɗa. Inna a hannun kakata ta karɓa, kakata kuma a hannun tata uwar, can wani ƙauye da yanzu ba mu da kowa a cikinsa. Ni kaɗai ce mace a ɗakin Inna, don haka tun ina ƙarama na san a hannuna ƙullin zai ƙare.

Tamu ba irin ta kasuwa mai faffaɗan ganye ba ce. Ganyenta ƙanana ne, takan yi tsawo har gwiwa ta bazu, furenta fari tas, kuma a bayan ƙamshinta akwai wani ɗan ƙamshin lemon tsami da ban taɓa ji a ta wani gida ba. Inna tana jefa ta a farfesu, tana dafa mana ita in mura ta kama mu, tana rataya damminta a ƙofar ɗaki saboda sauro. Hannun Inna kullum ƙamshinta yake yi. Ko marin da na sha ina yarinya da wannan ƙamshin na sha shi.

Da aka ɗaura aurena, Dubai aka kawo ni. Maigidana yana aiki a wani ofishin kago a Murshid Bazar, su ne masu ɗaure wa 'yan kasuwar Kano kaya su loda a kwantena, ni kuma daga baya na samu aikin jinya a wani ƙaramin asibiti a Karama. Da akwati biyu na zo. Kwallayen da Inna ta yi shekaru tana tara min suna can Kano a kulle, sai ta buɗe ta ciro ƙullinta, ta ce iri ba ya son dogon barci, ranar da na samu ƙasar kaina za ta ba ni. A waya ta tambaye ni girman tsakar gidana. Na ce mata a hawa na huɗu muke a Abu Hail, tsakar gidana baranda ce da injin wanki ya cinye rabinta. Ta ce Allah ya kyauta, da muryar da ake yi wa mutum jaje.

Haihuwata ta fari ce ta kawo ta. Zafi ya fara ke nan ta sauka domin yi min wankan jego, da daddawa da kuka da kanwa da yajin da sai da ya sa ni atishawa tun ban buɗe jakar ba. Mace na haifa, muka sa mata sunan Inna, saboda haka ba na iya kiran sunan, uwata nake ce mata. Ranar suna da yamma, bayan matan da muka sani a Deira sun watse, Inna ta kwance gefen mayafinta ta nuna min ƙullin. Ya yi girman lemon tsami. Ta ce duk irin da ta tara bara ne ta kwaso, tunda an samu mace a gidan, ko a sama muke kwana sai an shuka.

Sai na faɗi yadda zama ya kasance tsakanin Inna da maigidana, domin a nan maganar take. Gidanmu ɗaki biyu ne da falo, in mutum biyu suka haɗu a lungun banɗaki sai ɗaya ya manne da bango. A nan aka ce suruka da suruki su yi kunyar juna yadda ake yi a gida. Kuma suka yi, ba ragi. Da safe zai durƙusa daga bakin ƙofa ya gaishe ta, ta amsa tana kallon bango, shi ke nan maganar ranar ta ƙare. Ba ya cin abinci a gabanta, ba ta cire mayafi in yana gida. Yana zaune a falo, tana tsaye a bakin kicin, za ta ce min, ki ce masa a samo ƙasa. Ni kuma in juya in maimaita masa abin da ya ji da kunnensa, ya ce ki ce mata to. Wani lokaci abin ya ba ni dariya, wani lokaci ya ba ni haushi, musamman in jaririya tana kuka ni kuma an mai da ni wayar salula.

Ya kawo ƙasar a buhun leda. Inna ta daɗe tana juya maganar cewa a garin da aka kewaye da rairayi sayen ƙasa ake yi. Ta sa aka yanka jarka biyu ta cika, ta ajiye, ba ta shuka ba. Jira take. Ranar da Yaya, babban wana, ya kira ya ce an yi ruwan farko a Kano har kwata ta cika, ko sallama ba ta gama yi da shi ba ta miƙe ta nufi baranda.

Na ce mata yanzu wuta ake yi a garin nan, mutanen nan sai sanyi ya shigo suke shuka.

Ta ce, "Ɗaɗɗoya ba ta san Dubai ba, 'yar nan. Damina ta sani."

Suka tsiro kuwa, ganye bibbiyu, gwanin sha'awa. Rana ɗaya tsakanin azahar da la'asar suka kwanta kamar an zuba musu tafasasshen ruwa. Ta sake shukawa, suka sake ƙonewa. Ta kuma. Ina kallon ƙullin nan yana ramewa, raina yana ɓaci, ga jego ga rashin barci, har na yi mata magana da muryar da ban saba ba. Na ce wannan ai ɓarna ce, ta bar min sauran in sanyi ya zo in shuka da kaina. Ba ta yi faɗa ba. Ta ce takardar zamanta ba za ta kai sanyi ba, ita kuma ba ta son ta hau jirgi ba ta ga abin nan tsaye da idonta ba. Ban san maigidana ya ji mu ba. Kwana kaɗan bayan haka ya miƙo min fasfo ɗinta ya ce in ce mata an ƙara bizar.

Duk da haka ba ta jira ba. Ɗan abin da ya rage, wanda bai fi a ɗauka da yatsa biyu ba, ta kai shi bayan injin wanki inda rana ba ta kaiwa, daidai ƙarƙashin bututun esi da yake ɗigar da ruwa dare da rana. Ta ce min ga damina nan tana zuba a gidanku ba ku sani ba. A cikin waɗanda suka fito, ƙwaya ɗaya ta rayu. Ta yi ta fama, ta yi rawaya ta farfaɗo, har iska ta fara sanyi, sai ta miƙe ta bazu ta cika jarkar.

Kullum da asuba Inna a ƙaramar roba take alwala, in ta idar da salla ta ɗauki ruwan ta kai wa ɗaɗɗoyar. Da ta fara fitar da kawunan fure, sai Inna ta riƙa bi da farce tana tsinkewa ɗaya bayan ɗaya, bakinta yana motsi da lazimi. A wannan lokacin maigidana yake shan shayinsa a falo kafin ya fita. Ƙofar barandar ta gilashi ce, yana ganinta ta gefen ido, kansa a sunkuye. Watanni aka yi haka. Bai taɓa tambayarta dalili ba, ita ma ba ta taɓa juyowa ta gaya masa ba.

Ni ta gaya wa, a kicin, muna gyaran kaza. Ta ce ana tsinke furen ne don kar ta yi saurin tsufa, ta yi ta ba da ganye. Amma ranar da na ga gindinta ya zama ice, in ɗauke hannuna. A bar ta ta yi furenta ya yi fari, ya zube, kawunan su bushe su yi ja, sannan a yanke a murza a tafin hannu. Ta ce wannan shi ne na ƙarshenta, ba ta kuma wata shekarar. Na ce na ji, hankalina yana kan kazar.

Da sanyi ya kankama ta koma gida. Shekara ta zagayo muna gaisawa ta bidiyo, kullum tana cikin ɗakinta a kan darduma. Tambayarta biyu ce: takwararta, sai ɗaɗɗoya. In kai mata wayar baranda, ta ce matso da ita, ɗaga ganyen nan, juya in ga gindin. Nakan tsokane ta in ce ke da kike da daji guda a tsakar gida, mene ne na sa wa 'yar jarkata ido? Sai ta yi dariya ta tambaye ni ko yarinya ta fara haƙori.

A sanyi na biyu ta kalli gindin ta daɗe tana kallo, ta ce lokaci ya yi, in daina tsinka. Ta ƙara da cewa in ya bushe in ba wani ɗan kasuwa mai dawowa ya kawo mata kaɗan. Na yi dariya na ce wato irin Dubai take so ta ɗanɗana. Na ɗauke hannuna, ɗaɗɗoyar kuwa kamar jira take, ta yi fure ta rufe kanta, fari fat, har ƙudan zuma suka gano hawa na huɗu. Na nuna wa Inna. Ta ce alhamdulillahi, ta sake cewa alhamdulillahi, sannan ta ce ƙirjinta yana ɗan damunta amma ba wani abu ba ne.

Ina wurin aiki da hantsi Yaya ya kira. Kafin in samu tikiti an riga an kai Inna makwancinta. Maigidana bai samu izinin tafiya ba, azumi ya gabato, kaya sun yi musu yawa a ofis, sai ni da yarinya muka tafi. A bakin ƙofa, ina goye da ita, idona ya faɗa kan barandar, na ce masa ya kula min da ɗaɗɗoyar yadda Inna take yi. Ya ce in sha Allah, ya ɗauki akwatin.

Da na shiga gidanmu na Kano ban gane tsakar gidan ba. An shafe shi da tayil daga zaure har bakin ɗakin Inna, mata suna zazzaune a kan tabarmi a inda ɗaɗɗoyar take da. Sai da aka kwana biyu matar Yaya ta ba ni labari. Lokacin da Inna take wurina, Yaya ya ga dama ta samu, ya kira masu aiki suka gyara mata gidan don ta daina zamewa a taɓo da damina. Masu aikin suka share duk abin da suka tarar. Ranar da ta dawo ta tsaya a bakin zaure tana kallo, ta ce Allah ya yi masa albarka, ta shige ɗaki. Daga baya ta hana kowa gaya min, wai kar in kama faɗa da ɗan'uwana a kan ganye. Ta san halina, da kuwa na kama.

Ban yi wa Yaya faɗa ba. Mutumin da ya rame ya yi baƙi, yana ganina hawaye yake yi, me zan ce masa? Na bi gidajen maƙwabta ina tambaya. Kowa ya ci ganyen Inna, ba wanda ya ajiye iri. Wata tsohuwa ta ce ta taɓa samu ta shuka, awaki suka gama da ita. Sai a lokacin na gane abin da Inna take dubawa a wayata shekara guda, da dalilin da ya sa take so a aiko mata da kaɗan. Abin ya yi min ciwo ƙwarai, amma na samu abin riƙewa. Duk lokacin da kuka ya taso min sai in tuna fararen kawunan nan suna can Abu Hail suna bushewa. In maigidana ya kira nakan tambaye shi ko ɗaɗɗoyar tana nan, ya ce tana nan lafiya lau, ta ma fi da kyau. Ban ba shi labarin tayil ba, gidan makoki ba wurin doguwar waya ba ne, na bari sai na koma.

Bayan sadakar arba'in muka dawo. Zafi ya riga ya shigo. Ko mayafi ban cire ba ya ce in zo in gani, ya buɗe ƙofar gilashin yana murmushin da rabona da gani tun kafin rasuwar. Tana nan kuwa, kore shar, ta yi sabon ganye. Babu fure ko ɗaya, babu busasshen kai ko ɗaya.

Na ce, "Ina furen?"

Ya ce, "Na tsinke. Ranar da kuka tafi na ga kin bar shi ya yi yawa, na san hankalinki ba ya wurin. Kullum da asuba a robarta nake alwala in kawo mata, in bi in tsinke, ko ɗaya ban bari ba. Haka na ga tana yi."

A nan na zauna a ƙasa, tsakanin injin wanki da jarkar, na yi kukan da ban yi a Kano ba. Cikin kukan na gaya masa komai, tayil da masu aiki da maƙwabta da maganar kicin. Na gaya masa da zafi, domin ni in raina ya ɓaci ba na tauna magana. Na ce wata nawa yana kallonta ta gilashi, bai taɓa buɗe baki ya tambaya ba? Ya tsaya riƙe da marfin ƙofar, fuskarsa ta canza.

Ya ce, "Da wane bakin zan tambaye ta?"

Da ya tambaye ta ɗin, ni ce zan fara cewa ba shi da kunya.

Can ya shiga kicin ya fito da gwangwanin madara. Ya ce bai iya zuba su a shara ba, tarawa ya yi ta yi. Furen ne duka, ya bushe ya yi ruwan ƙasa. Na zuba a tafin hannu na murza yadda aka koya min, na hura. Ƙaiƙayi ne kawai, an tsinke su tun ba su ɗauki komai ba. Hannuna dai ya ɗauki ƙamshin hannun Inna, na yini ban wanke ba.

Mun yi bakin ƙoƙarinmu. Na shuka ƙaiƙayin nan duk da na san abin da yake ciki. Muka bar ta ta sake fure, ta fitar da 'yan kawuna ƙanana, iska mai zafi ta ƙone su tun ba su buɗe ba. Muka shigo da ita falo, sanyin esi da rashin rana suka sa ganyen ya dinga zuba. Na yanki rassa na sa a kofin ruwa a kan taga, suka yi baƙi daga ƙasa. Maigidana har wani gidan sayar da shuke-shuke ya je da hotonta, aka ce masa ta tsufa, kalas, wato shi ke nan. Yadda Inna ta faɗa haka ta yi, ba ta kuma wata shekarar ba. Kafin zafin ya wuce ta zama ƙirare a jarka, na daɗe ban yarda an fitar da ita ba.

Tsakanina da shi ba faɗa, amma maganar baranda ta fita daga bakinmu. Da sanyi ya dawo, wata Juma'a bayan masallaci ya shigo rungume da tukunyar shuka. Irin wadda Larabawan nan suke kira mashmum ce, 'yar'uwar ɗaɗɗoya, ita ma farin fure take yi, sai dai ƙamshinta ya fi zaƙi, yana tafiya wajen kanumfari. Ya ajiye ta a bayan injin wanki, na yi kamar ban gani ba. Shi ya yi ta kai mata ruwan alwalarsa, amma ko ganye ɗaya bai ƙara taɓawa ba. In ta yi kan fure sai ya tsaya yana kallo, hannunsa a baya. Ranar da na ga kawunan sun yi yawa za su tsofar da ita tun ba ta yi ƙarfi ba, na kasa haƙuri, na fita na tsinke. Daga nan ta zama aikina.

Yanzu uwata ta shiga makaranta, bakinta ya buɗe, tambaya ba ta ƙare mata. Wadda take barandar jikar waccan tukunyar ce, kowace shekara ina ɗaukar iri. Ta san labarin ƙullin da ake jefa wa amarya a kwalla, ni na ba ta, ta kuma san akwai ɗaɗɗoyar Inna, sai dai ban taɓa kai mata labarin ƙarshe ba. Sanyin bana muna zaune a baranda da safe muna murza busassun kawuna a faranti, babanta yana falo da shayinsa, ƙofar gilashin a buɗe. Ta shinshina tafin hannunta ta ce ashe haka Inna take ƙamshi. Sannan ta ɗago ta tambaye ni ko wannan ce ta Inna ɗin, wadda za a ƙulle mata.

Na so in ce mata e. Ba wanda zai ƙaryata ni, ita ba ta san wani ƙamshin ba, kuma da ta ji daɗi. Na ga cokalin babanta ya tsaya a cikin kofi.

Na ce, "A'a, uwata. Ta Inna ta ƙare a hannunmu. Wannan ta babanki ce, ita za ki tafi da ita."

Ta ce to, ta ci gaba da murzawa. Shi kuwa ya ajiye kofin da sauran shayin a ciki ya shige ɗaki, na tashi na nemo tsumma.